Baba Mai Awo, Wanda Ba Ya Shan Ruwan Gidan Kowa

Ƙarfe bakwai saura kwata yake isowa, tun mai shara bai gama da barandar kotu ba. Sai ya jingine tsohon babur ɗinsa a bayan ginin, ya kwance jakar fatar da ke ɗaure a kai, ya bi dogon lungun nan da ya wuce ɗakin ajiyar kayan shaida, har ƙofar ƙarshe. Nan ne ofishinsa. Tebur ɗaya, taga ɗaya mai kallon katanga, da kabad ɗin ƙarfe cike da taswirori a nannaɗe. Akwai kujerar baƙi, amma fayiloli ne suka fi zama a kanta.

Abin da yake fara yi shi ne ya warware tef ɗin awo, ya bi shi da tsumma yana gogewa, yana duba ko wata lamba ta fara gogewa ko ƙarfen ya lanƙwashe. Sannan ya cika gorar ruwansa a famfon kotu, ya karɓi takardun ranar daga hannun magatakarda, ya fita. Haka yake yi shekara talatin da ɗaya. A ƙarshen watan nan zai ajiye aiki, kuma da wuya a samu wanda zai tsaya ya ce masa sannu. Shi ya sa muka ɗauki alƙalami don mu ce masa sannu.

A takarda sunan aikinsa safiyon kotu. A bakin mutane kuwa Baba Mai Awo ne. Idan maƙwabta biyu suka yi rikici a kan iyaka, wannan ya ce katangar wancan ta ci masa fili, wancan ya ce ƙarya ne, magana ta gagari manyan unguwa har ta kai gaban alƙali, to shi ake turawa. Ya je da tsohuwar taswira, ya nemo turakun simintin da aka kafa tun ranar da aka yanka filayen, ya auna, ya rubuta abin da ya gani, ya zo ya yi rantsuwa a kansa. Da can yana da abokin aiki mai riƙe masa bakin tef. Shekara goma sha huɗu ke nan da aka yi wa wannan canjin wurin aiki, ba a kawo wani ba. Tun daga lokacin sai ya kafa guntun rodi a ƙasa, ya maƙala bakin tef ɗin, ya ja da baya shi kaɗai.

Duk wanda ya taɓa ganinsa a bakin aiki zai ba ka labarin gorar ruwan nan. Ko rana ta kai ta kawo, ba ya shan ruwan gidan mai ƙara, ba ya shan na wanda ake ƙara. Ba ya zama a inuwar ɗaya daga cikinsu. Wata mata ta taɓa jin haushi, ta ce, "Baba, ruwa ne fa, ba guba ba." Ya ce, "Na sani, 'yata. Amma idan na sha naki, gobe maƙwabcinki zai rantse da nama aka haɗa min."

Magatakardan kotu, wanda ya fi kowa daɗewa tare da shi, yana son ba da labarin tela da mai wanki. Shekara shida suna gaba a kan wata katanga, har matansu ba sa ɗibar ruwa a famfo ɗaya. Baba Mai Awo ya wuni yana ja yana rubutawa. Da ya zo kotu ya ce, "Ranka ya daɗe, ta gaban gida tela ya ci taƙi biyu na mai wanki. Ta baya kuma mai wanki ya ci taƙi biyu na tela. Katangar ce karkatacciya, kowa ya ci kowa." Kotu ta ɗauki dariya. Alƙali ya ba su shawarar sulhu, suka sa hannu a yarjejeniya cewa katanga ta zauna yadda take, kotu ta buga hatimi. Yau tela da mai wanki a benci ɗaya suke hira da yamma. Abin da ya haɗa kansu shi ne kowannensu ya yarda Mai Awo ya cuce shi. Idan ya wuce a babur, su biyun suke kawar da kai tare.

Haka aikin yake. Duk awon da ya yi, sai an samu wanda ya tafi da ɓacin rai. Wanda ya yi nasara yana ganin haƙƙinsa ne daman, ba ya tuna wanda ya tsaya a rana. Wanda ya faɗi kuwa ba ya mantawa har abada. A hankali gayyata ta ragu, gaisuwa ta gajarce. Lokacin da matarsa take da rai abin bai dame shi ba, don ita kaɗai ta ishe shi taro. Ita ce mai tsokanarsa cewa ko labule za a rataya sai ya nemo shaidu biyu. Ta rasu shekara goma sha biyu da suka wuce. 'Yarsu ɗaya tana aure a nesa, tana kiransa a waya ƙarshen mako. Sauran kwanakin, idan ya koma gida da la'asar, rediyo ce ke yi masa magana.

Duk wannan mai sauƙi ne a kan abin da ya faru tsakaninsa da yayansa.

Su biyu Inna ta haifa. Mahaifinsu ya rasu suna ƙanana, babban ya bar makaranta ya shiga tuƙin babbar mota, don ƙaramin ya yi karatu. Shi ya tsaya masa har ya gama, shi ya raka shi ranar da ya fara aiki. Har gemunsu ya yi fari bai daina kiransa Auta ba, shi kuma bai taɓa kiran sunansa ba, sai Yaya.

Inna a gidan Yaya take zaune, a wani ɗaki na sama. Da ƙafafunta suka fara gazawa, hawa da sauka ya zama azaba, sai Yaya ya yanke shawarar gina mata ɗaki a ƙasa, da banɗakinta a ciki. Matsalar ita ce babu wuri. A gefensa kuma gidan wata malamar firamare ne, mijinta ya rasu ya bar ta da yara uku, kuma a bayan gidan nata akwai ɗan fili da ba a gina ba, inda take shanya da 'yar shuka.

Wata ranar hutu Mai Awo ya je gaida Inna, ya tarar an haƙa tushe, an fara jera bulo. Bai ko shiga ba. Shi da hannunsa ya kafa turakun layin nan shekara ashirin da suka wuce. Ya duba inda turken ya kamata ya kasance, babu. Can ya hango shi a yashe cikin tarin yashi.

"Yaya, wa ya tuge turken nan?"

"Ka zo gaida uwarka ne ko ka zo aiki?"

"Ka shiga filin Malama. Ƙafa biyar, ko ma da ɗoriya."

Yaya ya yi dariya, ya dafa kafaɗarsa. "Auta, igiyar shanya ce kawai a wurin da ciyawa. Ɗakin Inna nake ginawa, ba kanti ba."

"To a roƙe ta ta sayar."

"Na roƙa. Wai na marayu ne, ba ta da ikon taɓawa."

"Ai gaskiya ta faɗa. Ka bar ni in ɗauki Inna, gidana duk ƙasa ne."

Nan fuskar Yaya ta canja. Ya ce, "Gidanka da ko kaza babu? Ta wuni da wa, da taswira? Kai dai idan magana ta taso, ka san yadda za ka yi. Ba don irin wannan ranar na sa ka a makaranta ba?"

Mai Awo ya hau sama ya gaida Inna, ya sauko ya tafi.

Malama ta bi hanyar da ta dace. Ta fara kai kuka ga manyan unguwa, aka zauna sau biyu, Yaya ya ce turke daman can yake inda katangarsa take. Sai ta ɗauki takardar mallakar gidan ta tafi kotu. Kafin sammaci ya fito, a saurari buƙatarta ta a dakatar da gini, an riga an yi rufi, an shafa fenti, an sauko da Inna da gadonta. Ranar da alƙali ya ce a tura safiyon kotu, Mai Awo ya miƙe ya ce, "Ranka ya daɗe, wanda ake ƙara yayana ne, uwa ɗaya uba ɗaya. A nemi wani." Aka ɗauko wani daga nesa. Shi kuwa baƙo ya zo ya tarar da turke a kafe daidai gindin sabuwar katanga, ya auna daga nan, ya rubuta cewa babu wanda ya shiga filin wani.

Da a nan maganar ta tsaya, da Mai Awo ya tsira da hannu biyu. Bai yi ƙarya ba, bai kuma taɓa ɗan'uwansa ba. Amma lauyan Malama ya tono taswirar farko, ya ga sa hannun wanda ya kafa turakun, ya nemi kotu ta kira shi shaida.

Ana saura kwana uku ya ba da shaida Inna ta aika a kira shi. Ya same ta a sabon ɗakin, tana zaune a bakin gado, iska na shigowa ta tagar da aka yi mata daidai tsayinta. Ya durƙusa ya gaishe ta.

"Auta, an ce za ka tsaya gaban alƙali a kan yayanka."

"Kira na aka yi, Inna."

"Ka ce ka manta. Shekara ashirin, wa zai ce ka yi ƙarya?"

Ya ce, "Ban manta ba, Inna."

"Hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar. Yaron nan bai ci ƙuruciyarsa ba saboda kai. Ni kuma ka ga ƙafafuna."

"Na gani, Inna. Ki zo gidana, ni zan riƙa yi miki komai."

Ta juya fuskarta wajen bango, ta ce, "Tashi ka tafi, kada rana ta yi maka."

Ranar shari'a ya tsaya gaban alƙali ya faɗi cewa an tuge turken daga inda ya kafa shi. Yaya na zaune a layin gaba, bai ɗauke ido daga kansa ba. Lauyan Yaya ya ce, "Baba, shekara ashirin ba kwana ashirin ba ce. Ƙwaƙwalwa tana kuskure."

Ya ce, "Tana yi. Shi ya sa ba na dogara da ita. Duk turken da na kafa, sai na fara binne guntun rodi a cikin siminti a ƙarƙashinsa, zurfin kamu ɗaya. Turke ana iya tuge shi a kai wani wuri. Rodin yana nan inda na bar shi. A tona ƙarƙashin sabon turken, ba za a samu komai ba."

Alƙali ya ce, "A ina za a same shi?"

Ya ce, "A cikin ɗakin mahaifiyata, ranka ya daɗe. Ƙafa biyar daga bangon waje."

Kotu ta tashi ta je gani da ido. Aka tona gindin sabon turken, ƙasa ce zalla. Aka ɗauko Inna a kan kujera aka fito da ita tsakar gida, aka janye gadonta, aka fasa daɓen ɗakin. Ba a yi nisa ba diga ta daki ƙarfe. Duk wannan lokacin Mai Awo yana waje a bakin titi, a tsaye cikin rana, ba wanda ya tsaya kusa da shi.

Hukunci ya fito: a rushe abin da ya shiga filin Malama cikin kwana sittin. A nan Malama ta yi abin da ya kamata a faɗa. Ta sa lauyanta ya gaya wa kotu ta yarda a rubuta yarjejeniya, ɗakin ya zauna muddin tsohuwa na da rai, in dai an amince a takarda cewa filin na 'ya'yanta ne. Yaya ya ce ba ya son alfarmar kowa. Kafin mako ya zagayo ya ɗauki guduma ya rushe ɗakin da kansa. Aka mayar da Inna falo, aka tare mata gefe da labule.

Ta ƙara shekara biyu a duniya. Mai Awo yakan je ranar da ya san Yaya yana kan hanya. Ya gaishe ta ta amsa, ya tambayi ƙafa ta ce da sauƙi, ya shafa mata magani, ya tafi. Ba ta sake tayar da maganar ba, ba ta kuma taɓa ce masa ta huce ba. Da ta rasu, ya zauna a ƙarshen layin masu karɓar gaisuwa. Mutane suka riƙa tsayawa wajen Yaya, su yi masa ta'aziyya, su ɗaga wa ƙanen hannu daga nesa. Dangi sun riga sun yanke nasu hukuncin, shi kuma ba a ɗaukaka ƙara a kansa. 'Ya'yan Yaya, waɗanda da can suke rige-rigen hawa babur ɗinsa, suka koma tsallaka titi idan sun hango shi.

Malama ta taɓa zuwa ofishinsa don ta yi godiya. Ta ba da labari cewa ya miƙe tsaye, ya saurare ta har ta gama, sannan ya ce, "Malama, ba don ke na yi ba. Abin da ke cikin ƙasa na faɗa. Ki gaida yara." Ta ce ta fito tana kuka, ba ta san dalili ba. A filin nan yau babbar 'yarta ta gina ɗan aji, tana koya wa yaran unguwa karatu da yamma.

Shekara tara Yaya bai yi masa magana ba.

A watan jiya sai ga Yaya a kotu, da sanda, ya bar tuƙi, ido ya fara rauni. Wani ya sayi gidan da ke ɗaya gefen nasa, ya tayar da gini, ya haɗiye masa hanyar da ruwan gidansa ke fita. Wannan karon shi ne mai ƙara. Mai shari'ar sabuwa ce, ba ta san tsohon labari ba. Ta tambaya ko akwai safiyon da ɓangarorin biyu suka amince da shi. Lauya ya buɗe baki ke nan, Yaya ya dogara sanda ya miƙe.

"Ranki ya daɗe, a ba wancan na ƙarshen lungu. Ba ya yi wa kowa ƙarya. Ni shaida ne."

Mai Awo na zaune a bencin baya yana jiran wata shari'ar. Ya miƙe ya yi bayanin da ya yi shekara tara da suka wuce, cewa mai ƙara yayansa ne, a nemi wani. Aka rubuta. Da aka tashi suka yi kiciɓis a baranda, babu hanyar kaucewa. Ya cire hula ya ce, "Yaya, ina wuni?"

Tsohon ya tsaya. Ya dube shi tun daga furfura har takalmi, kamar zai ce wani abu. Sai ya ce, "Lafiya," ya wuce.

Magatakarda ya ce ranar Mai Awo ya shiga ofis ya tura ƙofa, bai fito ba sai lokacin tashi. Da ya fito ya tambaye shi, "Ka ji abin da ya ce?" Magatakarda ya ce ya ji. Mai Awo ya gyaɗa kai ya ce, "To."

Baba, kai ne mai tsayawa inda kowa ke gudu, tsakanin katanga da katanga. Kai ne ka san ɗan'uwa rabin jiki ne, ka kuma san maraya ba shi da wani jikin sai gaskiyar da wani zai faɗa dominsa. Ba ka kawo ƙarar kowa ba, ba ka yanke wa kowa hukunci ba. An tambaye ka, ka faɗa. Rigingimu nawa ne da sai an zub da jini a kansu, suka ƙare da hatimi a kan takarda saboda an san awonka ba ya karkata? Ba ka ƙirga ba, mu ma ba za mu iya ba. Akwai gidajen da ake kwana lafiya yau, yara na shiga gidan juna, ba su ma san ka taɓa tsayawa a ƙofarsu ba.

Mun gode, Baba Mai Awo. Allah ya saka maka, ya ba ka lafiya, ya jiƙan Inna da uwargidanka. Masu tasowa a wannan aiki, da duk wanda wata rana za a ɗaga masa hannu a ce ya faɗi abin da ya sani, ga wanda za ku kalla. Ku sani abin yana da tsada, shi bai ɓoye muku ba. Mu kuma maƙwabta, kafin mu haƙa tushe mu nemo turke, idan an saɓa mu bi hanyar shari'a, kuma idan ta ƙare kada mu huce a kan wanda ya faɗi gaskiya.

Daga farkon wata mai zuwa yana gida, safe da yamma. Idan wannan rubutu ya isa gidan wani tsohon direba, ko da jika ne zai karanta masa, to a gaya masa hanyar ba ta canja ba. Layi na biyu bayan famfo, ƙofa mai shuɗin fenti. Auta yana ciki.